Saba'in a Kurkuku, Casa'in a Ƙauye: Tsufan Nelson Mandela

Ranar 11 ga watan Yuni na 1988, mutane kimanin 72,000 suka yi dafifi a filin wasa na Wembley da ke birnin Landan domin taya wani dattijo murnar cika shekara 70 da haihuwa. Mai bikin bai halarta ba, domin a ranar yana kulle a kurkukun Pollsmoor da ke wajen birnin Cape Town, cikin shekararsa ta 26 a tsare. Da yawa daga cikin matasan da suka cika filin ba a ma haife su ba lokacin da aka kama shi. Dokar ƙasarsa ta haramta buga hotonsa ko yaɗa maganarsa, saboda haka fuskar da duniya ta sani ta wani ƙaƙƙarfan lauya ce mai shekara 40 da ɗoriya, mai cikar kumatu da baƙin gashi. In ban da iyalinsa da gandirobobi da 'yan tsirarun baƙi, babu wanda ya san yadda furfura ta mayar da Nelson Mandela.

An shafe sa'o'i kusan 11 ana kaɗe-kaɗe da waƙe-waƙe. Miriam Makeba da Hugh Masekela, 'yan ƙasarsa masu zaman gudun hijira, sun hau dandamali, haka ma Stevie Wonder da Whitney Houston daga Amurka, da Youssou N'Dour na Senegal da Salif Keita na Mali. An watsa bikin a ƙasashe 67, aka kuma ƙiyasta cewa mutum miliyan 600 ne suka kalla. Wata takwas kacal kafin wannan rana, Firaministar Birtaniya Margaret Thatcher ta kira ƙungiyarsa ta ANC ƙungiyar 'yan ta'adda. Masu shirya taron sun san da haka, shi ya sa suka lulluɓe siyasarsu da rigar biki. Gidan talabijin da zai yi nauyin watsa gangamin siyasa ba zai ƙi watsa wasan mawaƙa ba, mai kallon da kalmar ta'addanci ke razanarwa kuwa da wuya ya ji tsoron tsoho ɗan shekara 70 da aka raba da jikokinsa. A can gida Afirka ta Kudu, gwamnati ta hana tarukan murnar, amma ta yi tayin barin iyalinsa su yi sa'a shida tare da shi ranar 18 ga Yuli. Ba a karɓi tayin ba, saboda alfarma ce da sauran fursunonin siyasa ba su samu ba.

Bikin ranar haihuwa baƙon abu ne a wurinmu. Kakanninmu da aukuwa suke lissafin shekaru, a ce an haifi wane shekarar fara, ko shekarar da aka naɗa sarki wane. Amma harshenmu ya riga ya rarrabe abu biyu da masu irin wannan biki kan gwama: tsufa daban, dattako daban. Tsufa yakan samu duk wanda Allah ya ja kwanansa, na kirki da na banza. Dattako kuwa sai an yi masa aiki, kuma akwai mai furfura har gemu da bai taɓa jin ƙamshinsa ba. Abin da nake son bi a nan shi ne yadda mutum ɗaya ya tashi daga wancan zuwa wannan, ina amfani da bukukuwan haihuwarsa a matsayin duwatsun kan hanya, ba tare da na ɓoye wuraren da ƙafarsa ta zame ba.

Wanda ya san Mandela da farin kai da murmushi zai yi mamakin samartakarsa. An haife shi a ƙauyen Mvezo ranar 18 ga Yuli, 1918, ya yi ƙuruciya a Qunu, bayan rasuwar mahaifinsa kuma ya girma a hannun Jongintaba Dalindyebo, mai riƙon sarautar ƙabilar Thembu. A fadar Mqhekezweni ya ga yadda ake zaman shawara: kowa ya faɗi ta bakinsa, har da mai sukar sarki, shi kuwa mai sarauta yana saurare, sai a ƙarshe ya tattara maganar. Ya ga wannan da idonsa, amma bai yi aiki da shi da wuri ba. A Johannesburg ya zama ɗan dambe, mai son ado, mai saurin hawa. Shi da Anton Lembede da Walter Sisulu da Oliver Tambo suka kafa reshen matasa na ANC a 1944, babban ƙorafinsu kuwa shi ne tsofaffin shugabanni sun cika rubuta wa Turawa takardun koke cikin ladabi. A 1949 matasan nan suka kayar da shugaban jam'iyya, Dokta A. B. Xuma, saboda ya ƙi rungumar shirinsu na yajin aiki da bijire wa doka. A wancan zamani Mandela yana adawa da haɗa kai da Indiyawa da 'yan gurguzu, har yakan tarwatsa musu taro.

Bayan da 'yan sanda suka harbe mutum 69 a Sharpeville a watan Maris na 1960, shi ne ya matsa a ɗauki makami. Ranar 10 ga Disamba, 1961, shugaban ANC, dattijo Albert Luthuli, ya karɓi lambar yabo ta Nobel ta zaman lafiya a birnin Oslo. Kwana shida bayan haka rundunar Umkhonto we Sizwe, wadda Mandela ke jagoranta, ta tayar da bama-bamanta na farko. A 1962 ya sulale ya bar ƙasar, ya zaga Afirka, har da Nijeriya, yana neman kuɗi da horo, ya koyi harbi a Habasha, ya koma gida aka cafke shi a watan Agusta. Ranar 12 ga Yuni, 1964, aka yanke masa ɗaurin rai-da-rai a shari'ar Rivonia. Ba ina cewa matashin ya yi kuskure ba ne. Zamaninsa ya toshe duk wata ƙofa. Ina dai nuna cewa haƙurin da aka san shi da shi daga baya ba da shi aka haife shi ba.

Ya yi shekara 18 a tsibirin Robben da lamba 466/64. Shekara 13 daga ciki yana haƙar farar ƙasa, ƙyallin rana da ƙura suka lalata masa idanu. Da farko wasiƙa ɗaya da ziyara ɗaya ake ba shi a wata shida. Mahaifiyarsa ta rasu a 1968, babban ɗansa Thembekile ya rasu a haɗarin mota a 1969, aka hana shi zuwa jana'izar kowannensu. Irin wannan zama yakan mayar da mutum ɗaya daga abu biyu: ko ya karye, ko zuciyarsa ta ƙeƙashe. Shi kuwa sai ya ɗauki wani abu da wasu abokansa suka ga kamar ƙasƙanci: ya zauna ya koyi Afirkans, harshen gandirobobinsa, ya karanta tarihin yaƙin da kakanninsu Buwa suka yi da Ingilishi, ya san jarumansu da abin da ke tsorata su. Lissafinsa mai sauƙi ne. Mutanen nan ba su da wata ƙasa da za su koma, ko ba jima ko ba daɗe da su za a zauna, kuma ba a yin ciniki da wanda ba a san abin da yake gudu ba.

Sai kuma tarihi ya juyo masa da madubi. Bayan boren ɗalibai na Soweto a 1976, aka riƙa kawo samari tsibirin, masu jini a jika, waɗanda ba sa cire hula don gandiroba, ba sa miƙewa don jami'i. A idonsu, Mandela da Sisulu tsofaffi ne da kurkuku ya sanyaya, daidai yadda shi ya ɗauki Xuma shekara 27 da suka wuce. A ganina nan ne aka fara ganin dattijon. Bai ce musu yara ne ba, bai kuma tuna musu cewa ya riga su shan wuya ba. Ya nemi su yi masa bayanin aƙidarsu, ya saurara, ya yi muhawara da su kamar tsara. Da yawansu sun fita daga tsibirin suna 'yan ANC. Hausawa na cewa babba juji ne, kowa ya kwaso shara a kansa yake zubawa. Karin maganar bai faɗi abin da jujin ke yi da sharar ba; mai kyau yakan mayar da ita taki.

Hukunci mafi haɗari da ya yanke a rayuwarsa ya zo yana da shekara 67. A farkon 1985 Shugaba P. W. Botha ya yi tayin sakinsa bisa sharaɗin ya yi tir da ɗaukar makami. Ya ƙi, 'yarsa Zindzi ta karanta amsarsa a gaban dubban mutane a Soweto ranar 10 ga Fabrairu. Duniya ta tafa masa. Amma a ƙarshen shekarar, bayan an yi masa tiyata, Ministan Shari'a Kobie Coetsee ya ziyarce shi a asibiti, da aka mayar da shi Pollsmoor kuma aka ware shi daga su Sisulu da Ahmed Kathrada. Maimakon ya yi ƙorafin kaɗaici, sai ya yi amfani da shi: ya fara neman tattaunawa da gwamnati ba tare da ya shawarci kowa ba, domin ya san in ya kai maganar gaban abokansa za su kashe ta. A 1986 tawagar manyan mutane ta Ƙungiyar Ƙasashe Renon Ingila, ƙarƙashin Janar Olusegun Obasanjo da Malcolm Fraser na Ostareliya, ta gana da shi a kurkuku. Aikin tawagar ya rushe ranar 19 ga Mayu da sojojin Afirka ta Kudu suka kai hari Botswana da Zambiya da Zimbabuwe. Bai fasa ba. Raɗe-raɗi suka bazu cewa tsoho ya sayar da gwagwarmaya, har Tambo ya aiko daga Lusaka yana tambayar me ake tattaunawa.

A watan Mayu na 1988 ya fara zama a asirce da wani kwamiti da ya ƙunshi Coetsee da Niël Barnard, shugaban hukumar leƙen asiri. Wato a daidai lokacin da jama'ar Wembley ke ɗaga hannu suna kiran a sake shi, mai bikin ya riga ya zauna a teburi ɗaya da masu tsare da shi. Wata guda bayan cikarsa 70 tarin fuka ya kwantar da shi. Mai karatu ya dubi yadda shekarun suka zama takobi mai kaifi biyu: gwamnati na fargabar ya mutu a hannunta ƙasa ta kama da wuta, shi kuma ya san ba shi da wasu shekaru 20 na jira. Matashi yakan ɗauka lokaci nasa ne. Tsohon da ya binne tsararrakinsa ya san cewa nasarar da za ta zo bayan an ƙone ƙasar ba ta da mai cin moriyarta. Ranar 11 ga Fabrairu, 1990, ya fito daga kurkukun Victor Verster, siriri, dogo, kansa fari.

Abin da ya biyo baya sananne ne, ba sai na tsawaita ba. Da aka harbe Chris Hani ranar 10 ga Afrilu, 1993, ƙasar ta tsaya a bakin ramin yaƙin basasa, Mandela ne ya fito a talabijin, tun bai zama shugaba ba, ya tuna wa baƙar fata cewa in Bature ne ya yi kisan, to Baturiya ce maƙwabciya ta ba da lambar motar da aka kama shi. An rantsar da shi ranar 10 ga Mayu, 1994, yana da shekara 75. A 1995 ya sanya rigar ƙungiyar zari-ruga ta ƙasa, wadda baƙar fata suka daɗe suna kallo a matsayin tutar wariya, ya je garin Orania ya sha shayi da Betsie Verwoerd, matar mutumin da ya gina tsarin wariyar launin fata, ya kuma ci abinci da Percy Yutar, lauyan gwamnatin da ya gurfanar da shi a Rivonia. Ana yawan fassara waɗannan a matsayin tsantsar kirki. Ni dai ina ganin har da siyasa a ciki, ta mutumin da ya san cewa sojoji da bankuna da gonaki har yanzu suna hannun waɗanda ake buƙatar kwantar wa hankali. Wannan bai rage musu daraja ba.

Bikin shekara 80 ya zo da abin da ba a saba ji ba. Ranar 18 ga Yuli, 1998, a gidansa na unguwar Houghton, a gaban 'yan mutane kaɗan, aka ɗaura masa aure da Graça Machel, matar marigayi Shugaba Samora Machel na Mozambik wanda ya rasu a haɗarin jirgin sama a 1986. Aurensa da Winnie ya mutu a kotu a 1996, inda ya bayyana a fili irin kaɗaicin da ya sha bayan fitowarsa. Babban limamin coci Desmond Tutu ya yi ta matsa masa cewa bai dace shugaban ƙasa ya zauna da mace ba aure ba, domin yara na kallo. Tsoho ɗan shekara 80 ya karɓi gyara daga wanda ya girme wa da shekara 13. Kashegari aka yi liyafar mutum kimanin 2,000, aka gabatar da amarya.

Amma babban abin da ya yi a wannan tsakani shi ne sakin abin da ke hannunsa. A watan Disamba na 1997 ya miƙa shugabancin ANC ga Thabo Mbeki. A watan Maris na 1998, yana kan karaga, ya amsa sammacin kotu a ƙarar da shugaban hukumar zari-ruga Louis Luyt ya shigar, ya tsaya aka yi masa tambayoyi kamar kowa, duk da cewa ransa ya ɓaci. A watan Yuni na 1999 ya sauka bayan wa'adi ɗaya, alhali tsarin mulki ya ba shi damar na biyu kuma babu mai iya kayar da shi. Ba shi ne farau ba. Léopold Senghor ya sauka da kansa a Senegal a ƙarshen 1980, Julius Nyerere a Tanzaniya a 1985. Sai dai nahiyar ta fi sabawa da ɗaya hanyar. Hastings Banda ya zama shugaban Malawi na har abada a 1971. Habib Bourguiba, wanda ya kai Tunisiya ga 'yanci, ya riƙe kujera har firaministansa ya tara likitoci a watan Nuwamba na 1987 suka shaida cewa hankalinsa ya gushe, aka tuɓe shi yana da shekara 84. Duk waɗannan sun yi furfura, kuma kowannensu yana da masu kiransa uban ƙasa.

Kada a ɗauka idon dattijo ba ya kuskure. Mu 'yan Nijeriya muna da shaida. A 1995, lokacin da gwamnatin Janar Sani Abacha ke tsare da Ken Saro-Wiwa, da Cif M. K. O. Abiola, da shi kansa Obasanjon da ya taɓa ziyartarsa a Pollsmoor, Mandela ya zaɓi lallashi a ɓoye, ya aiko Tutu da Mbeki Abuja, ya ƙi masu cewa a fito a yi matsin lamba. Hanyar da ta yi masa aiki da Botha da de Klerk ita ya sake bi. Ranar 10 ga Nuwamba aka rataye Saro-Wiwa da mutum takwas a Fatakwal, shi kuwa yana zaune a taron Ƙasashe Renon Ingila a Auckland. Fushinsa ya kai aka dakatar da Nijeriya daga ƙungiyar, ya nemi a sa wa man feturinta takunkumi, amma sauran shugabannin Afirka suka bar shi shi kaɗai. Nijeriya ta rama da janye 'yan wasanta daga Gasar Cin Kofin Afirka ta 1996 da aka yi a ƙasarsa. Wannan ita ce cutar da ke bin mai dogon gogayya: yakan ɗauka mabuɗin da ya buɗe masa ƙofa jiya zai buɗe kowace ƙofa.

Akwai kuma ƙorafin da matasan Afirka ta Kudu ke yi har yau, cewa sulhun ya ba baƙar fata ƙuri'a ya bar wa farar fata dukiya. Dokokin 1913 da 1936 sun killace mafi rinjayen al'umma a kashi 13 cikin ɗari na ƙasar. Gwamnatinsa ta yi alkawarin rarraba kashi 30 cikin ɗari na filayen noma cikin shekara biyar, ba a kai ko kusa ba. Ban yarda da masu cewa ya ci amana ba, domin wanda bai tsaya a bakin wancan rami na 1993 ba yana da sauƙin faɗin yadda ya kamata a tsallake shi. Amma mazaunin gidan kwano a Khayelitsha yana da haƙƙin tambayar abin da shan shayi a Orania ya ƙara masa.

Gazawarsa mafi tsada ita ce ta cutar ƙanjamau, kuma a nan ne na fi ganin abin da nake kira dattako. A shekaru biyar na mulkinsa cutar ta yi ta yaɗuwa, shi kuwa bai ba ta muryarsa yadda ta kamata ba. Kunyar tsararsa game da zancen jima'i ta riƙe masa harshe, kamar yadda shi da kansa ya amsa daga baya. Magajinsa Mbeki ya zo yana shakkar abin da likitoci suka tabbatar, ana jan ƙafa wajen raba magani, mutane na mutuwa. Al'adar jam'iyya ita ce tsohon shugaba ya kame bakinsa. Mandela ya ƙi. Ya yi jawabin rufe taron duniya kan cutar a Durban a shekarar 2000. A 2002 ya kai maganar gaban kwamitin zartarwa na ANC, inda wasu da ba su kai 'ya'yansa ba suka yi masa ihu. A shekarar ya ziyarci ɗan gwagwarmaya Zackie Achmat, ya kuma sanya rigar masu ɗauke da cutar a bainar jama'a. Ya mayar da lambarsa ta kurkuku, 46664, sunan gangamin yaƙi da cutar. Ranar 6 ga Janairu, 2005, ɗansa namiji da ya rage, Makgatho, ya rasu yana da shekara 54. A ranar, tsoho mai shekara 86 ya kira 'yan jarida gidansa ya faɗi sunan cutar da ta kashe ɗan, a ƙasar da iyalai ke cewa tarin fuka ne ko sammu. Mutum ya gane laifinsa bayan ya haura tamanin, a lokacin da duniya ke gaya masa ba ya laifi, abu ne da ban san misalinsa da yawa ba.

Ranar da ya cika 89, a 2007, ya ƙaddamar da ƙungiyar The Elders, wato Dattawa, a Johannesburg, tare da Tutu da Graça Machel da Kofi Annan da Jimmy Carter da Mary Robinson da wasu. Sharaɗin shiga shi ne mutum ya kasance ba ya riƙe da muƙamin gwamnati, ba shi da zaɓen da zai ci, don ya iya faɗin gaskiya ba tare da lissafi ba. Tunanin dattawan ƙauye ne aka faɗaɗa shi zuwa duniya. Aikinsu na farko Sudan suka nufa saboda rikicin Darfur. A farkon 2008 Annan da Graça Machel, tare da Benjamin Mkapa, suka sasanta rikicin zaɓen Kenya a ƙarƙashin Tarayyar Afirka. Amma a watan Nuwamba na wannan shekara Zimbabuwe ta hana Annan da Carter da Machel shiga ƙasar. Dattijon ƙauye ana jin maganarsa ne domin kowa na jin kunyarsa. Wanda ya cire kunya ba abin da furfura za ta yi masa.

Wannan ya kawo ni ga ranar 27 ga Yuni, 2008, ranar da tarihi ya jera tsofaffi biyu kamar da gangan. A dandalin Hyde Park na Landan aka yi bikin cikar Mandela shekara 90, aka sayar da tikiti 46,664. Ya fito yana dogara sanda, Graça na riƙe da shi, ya gode wa waɗanda suka yi taron Wembley shekara 20 baya, sa'annan ya ce lokaci ya yi da sababbin hannuwa za su ɗauki kayan. A wannan rana ce kuma Robert Mugabe, mai shekara 84, wanda shi ma ya yi shekara goma a kurkukun Turawa, ya tsaya zagaye na biyu na zaɓe shi kaɗai, bayan Morgan Tsvangirai ya janye saboda kashe magoya bayansa da ake yi. Kwana biyu kafin nan, a wata liyafa, Mandela ya kira abin da ke faruwa a Zimbabuwe mummunar gazawar shugabanci. Wasu sun ce ya makara, kuma jimla ɗaya ta yi kaɗan. Mugabe ma gwanin bikin haihuwa ne. Kowace 21 ga Fabrairu akan yanka shanu, a yanka makeken kek, a tara yara 'yan makaranta suna yabo, har ya yi na 90 a Marondera a 2014. Sojojinsa ne suka sauke shi a watan Nuwamba na 2017, yana da shekara 93, jama'a na rawa a titunan Harare.

Wani abin dariya mai ɗaci: sai a farkon watan Yuli na 2008 Shugaba George W. Bush ya sa hannu a dokar da ta cire sunan Mandela daga jerin waɗanda Amurka ke tuhuma da ta'addanci, shekara 15 bayan ya karɓi lambar Nobel. Ranar haihuwar kanta a Qunu ya yi ta, cikin jikoki. Da 'yan jarida suka nemi saƙonsa, bai yi zancen kansa ba; ya ce akwai masu arziki da yawa a ƙasar da ya kamata su raba da waɗanda talauci ya ci ƙarfinsu. Wata biyu kafin nan, talakawan unguwannin Johannesburg sun far wa baƙi 'yan Afirka, aka kashe mutum 62, cikinsu har da 'yan ƙasashen da suka ba ANC mafaka.

A watan Nuwamba na 2009 Majalisar Ɗinkin Duniya ta ayyana 18 ga Yuli a matsayin Ranar Mandela, aka roƙi kowa ya ba da minti 67 na hidima, minti ɗaya a madadin kowace shekara da ya yi yana gwagwarmaya. Shi kuwa mai ranar ya fara nisa. An yi masa ganin ƙarshe a taron jama'a ranar wasan ƙarshe na Kofin Duniya a 2010, wata guda bayan tattaɓa-kunnensa Zenani, 'yar shekara 13, ta rasu a haɗarin mota. A watan Afrilu na 2013 shugabannin jam'iyyarsa suka kai masa ziyara da masu ɗaukar hoto, aka nuna shi a talabijin yana zaune ba motsi, idonsa a kafe, ana ta dariya a gefensa. Jama'a da dama suka ce an ci zarafin tsufa. Ya cika shekara 95 a gadon asibiti a Pretoria, yara 'yan makaranta a faɗin ƙasar suna rera masa waƙa. A cikin watan ne iyalinsa suka gurfana a kotu kan ƙasusuwan 'ya'yansa uku, waɗanda jikansa Mandla ya tono ya mayar Mvezo. Alƙali ya ba da umarni a dawo da su. Ya rasu ranar 5 ga Disamba, 2013, aka binne shi ranar 15 ga wata a Qunu, a tudun da ya yi kiwo yana yaro, kusa da kaburburan 'ya'yan nan uku.